Rasit ɗin haraji ba shi ne shaidar fili naka ba ne

'Yan uwana matasa, musamman masu tara ɗan abin da Allah ya hore domin su mallaki fuloti, dan Allah ku saurara. Ana yawan cutar mu da takardu. Dillali zai zaro maka rasit na kuɗin ƙasa da hatimin gwamnati ɗauke da sunan mai sayarwa, ya ce ai ga shi har haraji yake biya duk shekara, kai kuma jikinka na rawa ka tura kuɗi. Toh wannan rasit abin da yake nunawa kawai shi ne wani ya biya kuɗi a kan filin. Ma'aikacin da ya karɓa aikinsa tara kuɗin shiga ne, bai zauna ya binciki waye ya gada waye ya saya ba. Haka yake tun zamanin Turawa, malaman taki da suke auna gonaki a ƙasar Kano don a yanka haraji suke aunawa, wanda suka tarar yana noma shi suke rubutawa, ko aro aka ba shi ko jingina ce a hannunsa. Alƙali zai iya duba irin wannan takarda a matsayin alamar wa ke riƙe da wuri, amma ita kaɗai ba ta ba ka gona.

Kai, ko C of O, wato satifiket ɗin fili da gwamnati ke bayarwa, da muke ɗauka kamar ta gama komai, kotu tana soke ta. Dokar ƙasa ta 1978 ta damƙa filaye a hannun gwamna amana, shi ke ba da izinin zama, amma a shari'ar Ogunleye da Oni a 1990 Kotun Ƙoli ta nuna cewa satifiket ba ya ba mutum haƙƙin da tun asali ba shi da shi, idan wani ya zo da hujjar da ta riga taka, takardarka ta zama banza. Tun 1976 a shari'ar Idundun da Okumagba aka lissafa hanyoyi 5 na tabbatar da mallakar ƙasa, takarda ɗaya ce kawai a cikinsu, akwai tarihin yadda wurin ya zo hannun mutum, akwai daɗewa ana amfani da shi.

Saboda haka kafin ka biya, tambayi asali. Shi mai sayarwar a ina ya samu? In gado ne, an raba? Nan ne wallahi aka fi kuka, babban wa ya sayar da gonar da ƙannensa mata da marayu ke da rabo a ciki, bayan shekaru kai ka yi gini su kuma sun girma sun tafi kotu, kuma da gaskiyarsu. Ka ga sauran magada da idonka, su sa hannu. In awon igiya ne je wajen mai unguwa da dagaci da maƙwabtan iyaka ta kowace kusurwa, in mai satifiket ne je hukumar rajistar filaye, KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna ko AGIS a Abuja, duk wadda ta shafi garinku, a duba fayil ɗin ko an jinginar da shi a banki ko an riga an sayar wa wani, sannan a nemi amincewar gwamna, ko minista in a Abuja ne, a juya sunan, don doka ta ce sai da ita. Kuɗin lauya bai kai kuɗin fili ba.

Ku kuma da kuka bar gonar gidanku a ƙauye hannun wani kuna birni, ku san akwai hauzi. A fikihun Malikiyya in bare ya riƙe wuri shekara 10 yana yi da shi yadda mai abu ke yi, kana gari kana gani ba ka ce uffan ba kuma ba abin da ya hana ka, alƙali ba zai saurari ƙararka ba, tsakanin dangi ne wa'adin ya fi tsawo. In aro ka bayar a rubuta aro ne, a sa shaidu matasa tare da dattawa, don dattawan da suka san iyakar suna ta tafiya, a kuma ajiye kwafi wajen mutum fiye da ɗaya.