Shugaban Makarantar Da Ya Sauka Domin Matarsa

'Yan'uwa cikin Almasihu, salama a gare ku. Fastoci, malamai da dattawan ikilisiya, da ku nake musamman yau.

Robertson McQuilkin bawan Allah ne ɗan Amurka. Ya yi shekara 12 yana aikin bishara a Japan, sannan a 1968 aka kira shi ya shugabanci makarantar Littafi Mai Tsarki ta Columbia, a jihar Karolina ta Kudu, wadda mahaifinsa ne shugabanta na farko. Shekara 22 yana kan wannan kujera, makaranta tana bunƙasa, ɗalibanta suna bazuwa duniya da bishara.

Ana cikin haka cutar mantuwa da ake kira Alzheimer ta kama matarsa Muriel. Mace mai kaifin basira, mai koyarwa, mai shiri a rediyo, sai ga ta tana maimaita labarin da ta gama bayarwa yanzun nan. Ciwon ya yi ta cin ta har ya zama hankalinta ba ya kwanciya sai tana ganin mijinta. Da zarar ya fita, sai tsoro ya rufe ta, ta bi sawunsa da ƙafa zuwa makaranta, wata rana har sau 10. Da dare in ya zo cire mata takalma, sai ya tarar ƙafafunta sun yi jini. Ta manta abubuwa da yawa, amma ba ta manta inda zuciyarta take ba.

Masu ba shi shawara ba mugaye ba ne. Sun ce ya kai ta gidan kula da marasa lafiya, aikin Ubangiji na bukatarsa. A 1990, yana da shekara 62, da sauran ƙarfinsa, ya ajiye shugabancin ya koma gida. Dalilinsa: shekara 42 da suka wuce ya yi alkawari a gaban Allah cewa zai riƙe ta cikin lafiya da rashin lafiya, har mutuwa ta raba. Ya kuma bayyana wa makarantar cewa kula da ita gata ne a wurinsa.

To, ɗan'uwa, kai fa? Nawa ne a cikinmu suka mai da "aikin Allah" mafaka, suna gudun gida? Daga taro sai taro, daga wa'azi sai ziyara, matarka tana fama ita kaɗai, 'ya'yanka sun fi sanin muryarka a bagade fiye da a ɗaki. Wannan abu yana ci mini rai ƙwarai. Bulus ya tambayi Timoti: wanda bai iya riƙe gidansa ba, ta yaya zai kula da ikilisiyar Allah? Ya gaya wa Afisawa mazaje su ƙaunaci matansu kamar yadda Almasihu ya ƙaunaci ikilisiya har ya ba da kansa dominta. Kujera tana da magaji. Makarantar ta sami wani shugaba, ta ci gaba. Muriel kuwa miji ɗaya take da shi.

Ba cewa nake kowa ya bar aiki ba. Amma ka duba alkawarin da ka yi ranar aurenka, ka ga ko yana nan a tsaye.

McQuilkin ne ya riƙa ba Muriel abinci a baki, yana yi mata wanka, yana canja mata tufafi, har bayan da magana ta ɗauke mata gaba ɗaya. Haka ya yi shekara 13, har Ubangiji ya kira ta a 2003. Shi kuma ya rasu a 2016, yana da shekara 88.