Mai gwadawa ne muke kira mahaukaci

Duk wanda ya saba zaman fada a Yamai ya san ba dabara ce ta yi mana ƙaranci ba. Kafin a zuba shayi na biyu, wani ya ce da ma a ƙera abin da zai tara zafin watan Afrilu a sayar wa Turawa lokacin sanyi. A bushe da dariya, a tafa, a watse. Ni ban ga laifin dariyar ba. Abin da ke ba ni haushi, ranar da wani ya ɗauki zancen da gaske ya fara haɗa ƙarafa a bayan gida, ranar ce za a fara raɗa cewa ya taɓu.

Da can idan aka so a tsokani malalacin mai garka a bakin Kwara, sai a ce masa: "Kai da hali, daga kan gado za ka yi ban-ruwa." To ga shi ɗan ƙasar nan, Abdou Maman, ya haɗa famfo da wayar salula. Kana kasuwa ka danna lamba, ruwa ya kama zuba a kan salati da kabeji, ka sake dannawa ya tsaya. A 2015 aka ba shi babbar kyautar ruwa ta Hassan II, wadda ƙasar Maroko ke bayarwa.

Wanda ya fi burge ni kuwa shi ne na sauro. Wani masani ɗan Holan, Bart Knols, ya lura sauron da ke kawo zazzaɓi yana bin warin ƙafa. Sai ya ɗauko wani irin cuku na Turawa mai suna Limburger, wanda ke wari kamar ƙafar da ta yini cikin takalmi, ya ajiye. Sauro ya taru a kai. A 2006 aka ba shi Ig Nobel, lambar da ake ba binciken da ke sa mutane dariya. Bayan haka masu bincike a Tanzaniya sun yi tarkon sauro da warin safa. Mu da damina ke kwantar mana da yara kowace shekara, wannan ba abin raha ba ne a wurinmu.

Wani masanin kimiyya, Andre Geim, shi ma wannan lambar ta Ig Nobel ya ci a 2000, don ya sa kwaɗo shawagi a iska da maganaɗisu. A 2010 ya karɓi Nobel ta gaskiya.

Kada wani ya ce na ce kowane shirme alheri ne. Dogecoin, wani kuɗin intanet, da wasa aka ƙirƙiro shi a 2013, kuma akwai waɗanda suka zuba kuɗinsu ciki suka tashi hannu rabbana. Yawancin zancen fada ma a fada ya kamata ya ƙare.

Amma yaron unguwa da ke kwance tsohuwar rediyo yana neman haɗa fanka, me zai rage mu in 'yan fada sun tara masa jaka biyu ya sayi waya da batir a kasuwar Katako? Kuɗin sukari da ganyen shayi na sati ɗaya sun fi haka.