Kyautar da Tukaram Ya Ce a Mayar

Daren jiya barci ya ƙaurace mini, sai na buɗe wani tsohon fim ɗin Indiya a waya, irin baƙi da fari ɗin nan, na 1936. Sant Tukaram sunansa, da harshen Marathi, kamfanin Prabhat ne ya shirya shi. Labarin wani mawaƙin addinin Hindu ne da ya rayu a garin Dehu kusa da Pune a ƙarni na 17, talaka tilis, kullum matarsa na yi masa faɗa don tukunya ta ƙi hawa murhu.

Addininsa daban, namu daban, wannan ba sai na faɗa ba. Amma akwai inda na zo na kife wayar a ƙirji. Sarki Shivaji ya aiko masa da kyauta ta alfarma, gida babu ko tsaba, mutumin nan ya ce a mayar.

A mayar fa!

Ni kuwa a ranar tun hantsi ina ƙofar gidan wani ɗan siyasa, ina jiran ambulan. Aka kira azahar, da kunnena na ji, na ƙi tashi kada ya fito ba na nan. Da ya fito na zube ina "ranka ya daɗe, yaronka ne", alhali na girme shi nesa ba kusa ba. Dubu biyar aka miƙo mini. Sai dab da la'asar na yi azahar.

Jama'a, me ya same mu ne? Mawaƙin bege ya faro da yabon Manzon Allah (SAW), ana fara liƙi sai baiti ya koma kan Alhaji. Malami ya samu kujerar Makka, daga nan harshensa ya yi nauyi. Mu na Facebook kuma muna ƙarƙashin hoton mai gida muna zuba kirari saboda kuɗin data. Kuma dukanmu mun haddace cewa hannun sama ya fi na ƙasa.

Ban ce talauci abin ado ba ne. Wallahi matar Tukaram ta ba ni tausayi, yunwar 'ya'yanta take gani. Mu nema, mu yi sana'a, wanda ya ba mu don Allah mu karɓa mu gode. Amma wannan tsugunon, wannan kwaɗayin da ke hana mutum amsa kiran salla, don Allah mu bari. Mu bari, 'yan uwa.

Ku sa ni a addu'a. An ce jibi ma ɗan siyasar nan zai yi rabo, kuma har yanzu ban goge lambar yaronsa ba.