Gajerun finafinan da ke nuna yadda hukuma ke haɗiye mutum

Duk wanda ya taɓa tsayawa gaban teburin ofis, aka tambaye shi lambarsa kafin sunansa, ya riga ya san rabin abin da gajerun finafinan gwaji, wato waɗanda ba sa bin tsarin ba da labari da aka saba, ke faɗa. Shi ya sa raina ke ɓaci idan na ji ana cewa wai ba kai ba gindi a cikinsu. Ruɗanin da mai kallo ke shiga da gangan aka saka shi, domin haka mutum yake ji a hannun hukumar da ba ta ganin fuskarsa.

A 1967 George Lucas, mai shirya finafinai ɗan Amurka, yana ɗalibi a Jami'ar Kudancin Kaliforniya, ya yi ɗan fim na kusan minti 15: wani mutum da ba shi da suna sai lamba, THX 1138, yana gudu cikin dogayen lunguna, kyamarori na bin sawunsa, muryoyi na ta ba da umarni. Iyakar labarin ke nan, kuma ya wadatar.

Amma wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Ruka, wato Hannu, na Jiri Trnka ɗan ƙasar Chekoslobakiya, na 1965. Da 'yar tsana aka yi shi, babu magana ko ɗaya. Wani mai ginin tukwane ne, burinsa kawai ya yi wa furensa tukunya. Sai ga wani ƙaton hannu cikin farar safa ya shigo, yana so a sassaƙa masa siffarsa. Da lallashi ya fara, da kyauta, ya biyo ta talabijin da jarida. Da bawan Allah ya ƙi, aka ɗaure shi da zare cikin keji, ya yi aikin dole, aka rataya masa lambobin yabo. Wannan wurin ne ke sa tsigar jikina tashi, saboda hannun bai fara da duka ba.

Gaskiya akwai masu fakewa da sunan gwaji su tara hotuna barkatai don rashin abin faɗa, kuma ba na kare su. Sai dai fim mai jarumi da mugu yakan ba mai kallo fuskar da zai tsana ya samu sauƙi, alhali hukuma ba fuska gare ta ba. Gajeren fim ba shi da lokacin yin wannan rarrashin.

A ƙarshen Ruka maginin ya mutu, kuma hannun ne da kansa ya yi masa jana'iza ta girmamawa. Trnka ya rasu a 1969, gwamnati ta yi masa jana'izar ƙasa, sannan ta hana nuna fim ɗin kusan shekara 20.