Kwaɗi ba daga sama suke faɗowa ba

A Zariya, da an yi ruwan farko mai ƙarfi, fadamun Kubanni da Galma kan cika da kukan kwaɗi, har wasu su rantse cewa tare da ruwan suka sauko. Ba haka ba ne. Suna nan tun rani, wasu a binne cikin ƙasa mai danshi, wasu a ramuka da gindin rijiyoyi, sun lafa don kada fatarsu ta bushe. Ruwa ne ke tashe su.

Matashin da ke son ɗaukar fim ɗin kwaɗi da kuɗin aljihunsa, wannan sanin ya fi masa tsadaddiyar kyamara amfani. Tun kafin damina ya kamata ya gano kududdufan da ruwa ke taruwa, domin daren farkon nan ne ake hada-hadar saduwa da zuba ƙwai, kuma ba ya jiran kowa. Masu kukan ma maza ne, mata suke kira. Sai ya tanadi tocila marar haske sosai da na'urar naɗar sauti mai kyau, kuma ya guji kama su da hannun da ya shafa wa mai, tunda ta fata suke shan ruwa, har numfashi ma suna yi ta nan.