Filifins: Kalmomin Sifaniyanci ba su ne matsalar Tagalog ba

Sifaniya ta mulki tsibiran Filifins shekara 333, tun daga 1565 da Miguel López de Legazpi ya kafa sansani a Cebu har zuwa 1898, amma yau sai ka yini kana yawo a titunan Manila ba ka haɗu da mai jin Sifaniyanci ba. Amurka da ta gaje ta ko shekara 50 ba ta cika ba, ta miƙa mulki a 1946, sai ga shi Turancinta ne ake shari'a da shi, da shi ake rubuta doka, da shi ake koyar da likita da injiniya. Wannan bambanci ya isa ya sa mai kishin harshe, ko a ina yake, ya sake tunani game da abin da yake tsoro. A ganina masu kishin Tagalog, harshen mutanen Manila da kewaye wanda aka gina harshen ƙasa a kansa, sun ɓata shekaru suna faɗa da kalmomin aro, alhali barazanar tana shigowa ta ƙofar makaranta.

Sifaniyanci ya tafi, amma ya bar kayansa birjik. Gaisuwar yau da kullum, kumusta, daga cómo está aka samo ta. Tebur mesa ne, kujera silya, cokali kutsara, taga bintana, takalmi sapatos, doki kabayo, albasa sibuyas. Ranakun mako su ne Lunes, Martes, Miyerkoles, Huwebes, Biyernes, Sabado. Watanni ma haka, daga Enero har Disyembre. Mutumin Manila yana da nasa lissafin na gado, isa, dalawa, tatlo, amma in ka tambaye shi lokaci zai ce alas-dos, in kuma ciniki ne a kasuwa zai ce bente ko singkuwenta. Har ƙananan kalmomin da ke ɗaure magana, irin su pero da para da puwede, duk na aro ne. Dubban kalmomi ake magana a kansu.

Bahaushe ba zai yi mamakin wannan ba, tunda shi ma daga ɗaya zuwa goma da harshensa yake ƙirgawa, amma ashirin da talatin da arba'in na Larabawa ne, haka Litinin da Talata da Laraba. Ba wanda ya taɓa cewa Hausa ta koma Larabci saboda haka.

Tagalog ma bai koma Sifaniyanci ba, domin ƙashin bayansa na nan yadda yake. Harshe ne daga dangin da masana ke kira Austronesiya, dangin da ya haɗa Malay na Malesiya da Indonesiya, da Malagasi na Madagaska a nan Afirka, da harsunan Hawai da Maori. Kalmar lima tana nufin biyar a Manila, haka a Jakarta, haka a Honolulu. Jimlarsa da aikatau take farawa, kuma duk baƙuwar kalmar da ta shigo sai ta bi dokar gida. An ari trabajo, wato aiki, ta zama trabaho, aka ɗora mata ɗafe-ɗafen Tagalog: nagtrabaho ya yi aiki, nagtatrabaho yana aiki, magtatrabaho zai yi aiki. Basifaniye zai gane tushen kalmar, amma sauran ginin ba nasa ba ne. Kuma tun kafin jirgin Magellan, wanda ya jagoranci ayarin Sifaniyawa na farko, ya iso a 1521 harshen yana aro. Kuya da ate, yadda ake kiran yaya namiji da yaya mace, daga 'yan kasuwar Sin suka fito, guro ta malami da mukha ta fuska daga Sanskrit, tsohon harshen Indiya, salamat ta godiya da hukom ta alƙali kuwa daga Larabci ta hanyar Malay. Akwai ma kalmomin 'yan asalin Meksiko, kamar kamote ta dankali da tiyangge ta kasuwa, saboda har zuwa 1821 daga Meksiko ake tafiyar da mulkin tsibiran, kuma jiragen fatauci sun yi shekara 250 suna zirga-zirga tsakanin Manila da Acapulco.

To me ya hana Sifaniyanci kafuwa kamar yadda ya kafu a Meksiko da Peru? Sifaniyawan da suka zauna a Filifins 'yan kaɗan ne, akasarinsu a cikin ganuwar Manila. A ƙauyuka sau da yawa Bature ɗaya ake gani, shi ne limamin coci. Limaman nan kuwa sun ga ya fi sauƙi mutum ɗaya ya koyi harshen gari da a ce gari guda ya koyi nasa. Littafin koyar da addini da aka buga a Manila a 1593 ya fito da Sifaniyanci da Tagalog, har da tsohon rubutun mutanen da ake kira baybayin. A 1610 aka buga nahawun Tagalog, a 1613 ƙamus ya biyo baya. Sarakunan Madrid sun sha aiko da umarni a koya wa jama'a Sifaniyanci, ana yin biris da shi, kuma sai a 1863 aka yi dokar kafa makarantun firamare na gwamnati.

Kada a ɗauka tausayi ne zalla. Limamin da shi kaɗai ke jin harshen hukuma da na talaka, shi ne tafinta, shi ne mai faɗa a ji, kuma bai son a raba shi da wannan matsayi. Shi ya sa 'yan bokon ƙarni na 19 suka ɗauki koyon Sifaniyanci a matsayin haƙƙin da ake danne musu. José Rizal, marubuci ɗan kishin ƙasa wanda Sifaniyawa suka harbe a 1896, da Sifaniyanci ya rubuta ƙagaggun labaransa biyu da suka tunzura juyin juya hali. Tsarin mulkin Malolos na 1899, na jamhuriyar farko da 'yan ƙasar suka kafa, da Sifaniyanci aka rubuta shi, baitocin taken ƙasa na farko ma haka. Baybayin kuma ya dusashe a hankali bayan haruffan Latin sun mamaye rubutu. Duk da haka, ko mece ce niyyar limaman, sakamakon a fili yake. Yaro ya ci gaba da addu'a da wasa da ciniki da harshen uwarsa, sai dai ya tsinci baƙin kalmomi a hanya. Wurin da aka samu sabon harshe sukutum shi ne inda sojoji da leburori daga wurare daban-daban suka cakuɗa, kamar Zamboanga da aka gina wa ganuwar soja a 1635, inda har yau ake magana da Chavacano, harshen da ya samu daga gamayyar Sifaniyanci da harsunan gida.

Amurkawa ba su bi ta coci ba. A 1901 suka kafa tsarin makarantun gwamnati da Turanci a matsayin harshen koyarwa, suka sauke malamai sama da 500 daga jirgin ruwa guda mai suna Thomas, aka watsa su larduna. Kafin tsara biyu ta shuɗe, wanda ke son aikin gwamnati ya san harshen da zai koya. Yaƙin Manila na 1945 ya ƙarasa sauran, domin unguwannin da iyalai masu jin Sifaniyanci suka fi yawa sun zama kango. Tsarin mulkin 1987 ya ajiye Sifaniyanci tare da Larabci a matsayin harsunan da mai so ya koya.

A cikin wannan hali aka shiga neman harshen ƙasa. A ranar 30 ga Disamba 1937 Shugaba Manuel Quezon ya ayyana Tagalog a matsayin tushe, bisa shawarar wani kwamiti da Jaime de Veyra ya jagoranta, shi kuwa ɗan ƙabilar Waray ne, ba ɗan Tagalog ba. Lope K. Santos ya tsara abacada mai haruffa 20, babu F, babu V, babu Z. A 1959 aka raɗa wa harshen suna Pilipino. Sannan masu son tsarkake harshe suka duƙufa ƙirƙirar kalmomi don maye gurbin na aro, har mutane suka mayar da abin raha, suna ambaton salumpuwit a madadin silya da salipawpaw a madadin eroplano. Ba su karɓu ba, mai sayar da kujera ya ci gaba da cewa silya.

An bar jaki ana dukan taiki. Abin da masu tsarkakewar suka kasa gani shi ne kalmomin Sifaniyanci suna cikin 'yan abubuwan da harsunan ƙasar suka yi tarayya a kai. Ƙasa ce mai tsibirai sama da 7,600 da harsuna fiye da 170. Mai Ilokano daga arewa da mai Sebuwano daga tsakiya da mai Tagalog ba sa fahimtar juna, ko da yake dangi ɗaya ne. Amma in aka zo kan sunan rana da wata, ƙarfe nawa, kuɗi nawa, kayan kicin, sai su haɗu. Masu Sebuwano ma da sun wuce goma galibi da Sifaniyanci suke ci gaba da ƙirga. Duk lokacin da aka cire kalmar aro aka sa tsohuwar kalmar Tagalog a wurinta, an ƙara nisanta harshen ƙasa daga mutumin Cebu da na Iloilo, an kuma ƙara masa hujjar cewa Tagalog ne kawai aka sauya wa riga. Gyaran da aka yi a 1987, lokacin da aka tabbatar da sunan Filipino aka faɗaɗa haruffa zuwa 28 har da Ñ, amincewa ce da wannan gaskiya, sai dai ta zo a makare.

Wannan ƙorafi na mutanen Cebu yana da tushe, kuma ban ga amfanin rufe shi ba. A takarda Filipino zai ginu ne daga dukkan harsunan ƙasar, a aikace kuwa Tagalog ɗin Manila ne, wanda rediyo da talabijin da fina-finai suka kai ko'ina. Ƙidayar 2020 ta nuna kusan kashi 40 cikin 100 na gidaje da Tagalog ake magana a cikinsu, sauran kashi 60 ɗin fa dole su koye shi a matsayin harshe na biyu, ga Turanci na uku. Masu tsara manufa a Yamai, inda aka ayyana Hausa harshen ƙasa a 2025, ya kamata su karanta wannan tarihi da idon Bazabarme da Bafulatani da Babarbare.

Amma shi kansa Filipino bai ci gasar ba. Tsarin koyarwa da harshe biyu na 1974 ya ba Turanci lissafi da kimiyya, ya bar wa harshen ƙasa tarihi da tarbiyya, wato an nuna wa yaro tun yana ƙarami wane harshe ne ke kawo albashi. A 2013 hukumar manyan makarantu ta cire Filipino daga darussan dole na jami'a, kotun ƙoli kuma ta goyi bayanta daga baya.

Ƙananan harsunan su suka fi shan wahala. A 2012 aka fara koyar da yara daga rabin aji zuwa aji uku da harshen gida, da harsuna 12, sannan aka kai su 19. Shirin ya gamu da ƙarancin littattafai, da malaman da aka tura garin da ba su jin harshensa, da azuzuwan birni da yara ke magana da harsuna uku ko huɗu. Da Filifins ta zo ta ƙarshe a fannin karatu a jarrabawar PISA ta 2018, wadda ake gwada ɗaliban ƙasashen duniya da ita, masu adawa suka samu abin nunawa, ko da yake da Turanci aka yi jarrabawar, kuma 'yan shekara 15 da suka zauna ta sun shiga firamare tun kafin a fara shirin. A watan Oktoba 2024 doka mai lamba 12027 ta soke wajabcin koyarwa da harshen gida, ta mayar da azuzuwan farko ga Filipino da Turanci. Matsalolin da aka lissafa gaskiya ne, amma duk na kuɗi da horar da malamai ne, kuma majalisa ta zaɓi rufe shirin bayan shekara 12 maimakon ta biya kuɗin gyara shi.