Abin da Nintendo DS ta gane game da tarin wasanni

Duk na'urar gem ta hannu da za ta fito kasuwa yanzu, abin da masu tallarta ke fara ɗagawa shi ne lissafi: wasanni dubu kaza ne a cikinta, ko kuma dubu kaza ne za ka iya saukewa. Masu saye ma sun koyi wannan tambayar, da zarar sun riƙe na'ura sai ka ji "gem nawa ne a ciki?" A ganina tambayar ta yi wa masu saye illa, kuma ta ba kamfanoni hanyar kauce wa aiki mai wuya. Abin da ya kamata a auna tarin wasanni da shi shi ne irin mutanen da za su sami nasu a ciki, da kuma ko za su iya kaiwa gare shi.

Wanda ya taso a shekarun 1990 ya san ɗan gem ɗin nan na roba mai baƙin allo, wanda tubala ke zubowa daga sama, ana sayar da shi a tebur tare da agogo da tocila. A jikinsa an rubuta cewa wasa 9999 ne a ciki. Ka danna maɓalli ka tashi daga na 1 zuwa na 2, sai ka ga tubalan nan dai ne, an ɗan ƙara musu sauri. Na 3 an juya su sun koma tasowa daga ƙasa. Kafin ka je na 30 ka gane wasannin gaskiya ba su wuce a ƙirga da yatsu ba: jeren tubala, maciji, tseren mota, harbi. Sauran duk lamba ce. Yara ba su taɓa ruɗuwa da wannan ba, sun san abin da suka saya. Abin mamaki shi ne yadda manya masu kuɗin sayen na'ura mai tsada suke ruɗuwa da irin lissafin nan a yau.

Nintendo DS ta fito a ƙarshen 2004, kusan lokaci ɗaya da PSP ta kamfanin Sony. Wanda ya aza su gefe da gefe a lokacin zai ce an gama magana. PSP na da faffadan allo mai kyau, tana kunna fim da waƙa, hotunanta sun kusa kamo na PlayStation 2. DS kuwa ga ta nan da allo biyu ƙanana, na ƙasa ana taɓa shi da ɗan tsinke, da makirufo, ƙarfinta bai kai ko kusa ba. A ƙarshe DS ta sayar da na'ura miliyan 154, PSP ta tsaya wajen miliyan 80. Miliyan 80 ba faɗuwa ba ce, kuma PSP na da wasanni na gani na faɗa, irin su God of War da Grand Theft Auto da Monster Hunter wanda ya rikita matasan Japan. Sai dai akasarin manyan wasanninta mutum ɗaya suke nema: saurayin da dama can yana buga gem a gida, yana son ya ci gaba a cikin mota.

DS ta nemi kowa da kowa, kuma da gangan ta yi. Shugaban Nintendo na lokacin, Satoru Iwata, ya sha faɗin cewa burinsa shi ne ya faɗaɗa yawan mutanen da ke buga wasa, har da waɗanda ba su taɓa riƙe na'ura ba. A 2005 aka fitar da Brain Age, wanda aka gina bisa aikin wani masanin ƙwaƙwalwa ɗan Japan, Ryuta Kawashima. Ana riƙe na'urar ne a karkace kamar an buɗe littafi. Lissafi mai sauƙi na fitowa a shafin hagu, kai kuma kana rubuta amsar da hannunka a shafin dama, da sauri gwargwadon iyawarka. Wani lokaci a nuna maka sunan launi an rubuta shi da wani launin daban, ka faɗi launin tawadar da baki. Minti kaɗan a rana, a ƙarshe ta ce maka ƙwaƙwalwarka ta ɗan shekara kaza ce. Babu maɓalli goma da za a haddace, babu dodon da za a kashe. Dattijon da ya yi ritaya zai iya, uwar gida za ta iya. Wasan ya sayar da kusan kwafi miliyan 19.

A wannan shekarar kuma Nintendogs ya fito, inda kake renon ɗan kwikwiyo, ka raɗa masa suna ta makirufo, ka kira shi ya taho da gudu, ka shafa kansa da tsinke. Kusan miliyan 24 aka saya. Daga nan hanya ta buɗe. Aka yi na koyon girki wanda ke karanta maka matakai da murya, idan hannunka ya ɓaci da kwaɓi sai ka yi masa magana ya juya shafi. Aka yi na koyon Turanci, da ƙamus, da tarin tsofaffin littattafai ɗari a kaset ɗaya. Aka yi Phoenix Wright, inda kai ne lauya kana tono ƙarya a bakin shaida. Da Trauma Center, inda tsinken nan ya zama aska a hannun likitan tiyata. Da Professor Layton mai cike da kacici-kacici. Duk da haka ba a yar da tsofaffin abokan ciniki ba, domin New Super Mario Bros. ya haura miliyan 30, Mario Kart da Pokémon kuma suna nan daram. Gida ɗaya sai ka tarar da na'ura uku, ta uba da ta uwa da ta ɗiya, kuma babu wanda kaset ɗinsa ya yi kama da na wani. Wannan nake kira tari mai arziki.

Akwai hujjar da za a kawo mini, kuma tana da ƙarfi. Za a ce ai bambancin daga yawan yake fitowa, yawa shi kan sa zare ya ja dutse. DS ɗin ma ta sha tarkace: bayan nasarar Nintendogs kantuna sun cika da kwaikwayon renon doki da kyanwa da zomo, akasarinsu aikin gaggawa ne don a kwashi kuɗin iyaye. Na yarda cewa idan ƙofa ba ta buɗe wa mutane da yawa ba, mai sabuwar dabara ba zai samu shiga ba. Amma a duba abin da ya buɗe ƙofar. Yin wasa a DS ba shi da tsada idan aka kwatanta da manyan na'urori, saboda haka ƙaramin kamfani na iya gwada abin da ba a saba ba, in ya faɗi bai mutu ba. Ga kuma tsinke da makirufo da allo biyu, waɗanda suka tilasta wa masu ƙira su yi tunani daban. Yawan da bambancin duk 'ya'yan wannan tsari ne. Ana iya samun yawan ba tare da bambancin ba, kamar yadda gem ɗinmu na roba ya nuna.

Wannan ɗabi'a ta Nintendo ta daɗe. Gunpei Yokoi, wanda sashensa ya ƙera Game Boy a 1989, ya yi imani da ɗaukar fasahar da ta kwana biyu ta yi araha a nemo mata sabon amfani. Game Boy ba ta da launi, amma batir huɗu na kai ta sa'o'i masu yawa, yayin da Game Gear ta Sega mai launi ke cinye batir shida cikin 'yan sa'o'i. Wasan jeren tubala na Tetris ya kai ta hannun manya, Pokémon ya sake raya ta a 1996 lokacin da ake ganin ta tsufa. Ita da Game Boy Color sun haura miliyan 118.

PS Vita, wadda ta gaji PSP a ƙarshen 2011, ta nuna ɗaya ɓangaren. Na'ura ce mai kyau ƙwarai, amma katin ajiyarta na musamman ne mai tsada, wayoyin zamani sun riga sun kwashe masu buga wasa na ɗan lokaci, ita kanta Sony ta janye daga yi mata manyan wasanni tun da wuri. Ta rayu a hannun ƙananan masu ƙira da masoya wasannin Japan, waɗanda har yau suke ƙaunarta, amma tarinta ya tsuke ya koma na ƙungiya ɗaya. An daina ƙera ta a 2019.

Yau matsalar ta juye. Switch ta Nintendo, wadda ta fito a Maris 2017, tana da wasanni fiye da dubu goma a kantinta na intanet. Steam Deck ta kamfanin Valve, ta 2022, tana buɗe maka kantin Steam inda ake zuba sababbin wasanni sama da dubu goma a shekara guda. Bambanci na nan, ba na musu. Ƙananan masu ƙira ba su taɓa samun dama irin wannan ba. Amma shiga kantin Switch ka duba sashen sababbin fitowa. Za ka yi ta gangarawa cikin wasannin da aka saci kamannin wasu, da wasa ɗaya da aka sake sa wa suna sau biyar don ya ci gaba da zama a sama, da waɗanda aka karya wa farashi har ƙasa don su hau jerin waɗanda aka fi saya. Wasa mai kyau da mutum biyu suka shafe shekaru suna yi sai ya nutse cikin mako ɗaya. Abin yana ba ni takaici, domin Nintendo ce kamfanin da ya gina sunansa a kan tace abin da ke shiga na'urarsa, bayan kasuwar gem ta Amurka ta rushe a 1983 saboda ambaliyar tarkace. Tacewa da jerawa da nuna wa mai saye abin da ya dace da shi aikin mai kanti ne, kuma yana karɓar kasonsa a kan kowane ciniki.

A wajenmu ma abin da ke kaiwa ga mai na'ura ya fi abin da ke cikin lissafi muhimmanci. Matashi ya sayi PSP ta hannu, ya kai wa mai loda gem a kasuwar waya. Mai lodin ya buɗe kwamfutarsa ya ce, "Ƙane, ƙwallo ko GTA?" Iyakar tarin ke nan a wurinsa, alhali na'urar na da wasanni ɗaruruwa, har da irin su LocoRoco da Patapon waɗanda ƙanwarsa 'yar firamare za ta so. Babu wanda ya taɓa nuna masa su.

Sai maganar ɗorewa, wadda masu talla ba sa taɓawa sam. DS ta farko na da rami na biyu da ke karɓar kaset ɗin Game Boy Advance da ta gabace ta, 3DS da ta gaje ta kuma na karɓar na DS, don haka tarin mutum na bin sa daga na'ura zuwa na'ura. Kaset ɗin 2005 har yau yana aiki, ana iya ara, ana iya sayarwa. Amma a Maris 2023 Nintendo ta rufe saye a kantin 3DS, kuma wasannin da ba a taɓa fitar da su a kaset ba suka daina samuwa ta halastacciyar hanya. Sony ta so yin haka da kantin Vita a 2021, sai da masu saye suka yi ca sannan ta fasa. Wani bincike da gidauniyar Video Game History Foundation ta fitar a 2023 ya gano cewa kusan kashi 87 cikin ɗari na wasannin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba a sayar da su kuma. Kamfanin da ya yi tutiya da dubban wasanni ranar da yake neman kuɗinka, ya kamata doka ta tilasta masa, ranar da zai rufe kanti, ya miƙa su ga ɗakunan karatu da na adana tarihi, a bar masu bincike da masu sha'awa su isa gare su.